Wata huɗu ina neman minti biyu na Baffa

Duk wanda ya tashi a Garwa, arewacin Kamaru, ta wajen unguwanninmu, in dai ya kai talatin yanzu, kace masa "ba canji" da wata irin murya ta hanci, wallahi sai ya yi dariya kafin ma ya tuna dalili. Dalilin kuwa Baffana ne, ƙanin mahaifina. Shi ba ɗan wasa bane, bai taɓa zama ba, mai soya ne, tsire da balangu yake sayarwa a bakin titi tun kafin a haife ni, amma a 2007 wasu samari suka haɗa wani ɗan guntun fim na barkwanci wanda duka-duka bai kai minti ashirin ba, suka saka shi sau ɗaya tak, fitowar da bata cika minti biyu ba, shikenan sunansa na yanka ya ɓata a unguwa. Har katin ɗaurin aure na taɓa gani an rubuta Alhaji Ba Canji, alhali bawan Allah ko filin jirgi bai taɓa takawa ba balle Makka.

Ga waɗanda basu san fim ɗin ba, ga abunda ya faru a ciki. Wani gaye ne ya zo da budurwarsa wajen mai soya yana ta hura hanci, yace a yanka musu na dala ɗari, wato sefa 500, suka ci suka side hannu, sai ya zaro jaka goma, wato sefa dubu goma, sabuwa fil yana kaɗa ta don yarinya ta gani. Baffa ya karɓa, ya ɗaga ta sama ya duba, ya ninke ya tura aljihun gaba, ya cigaba da yanka namansa. Gaye na tsaye yana jira. Can yace "Baba canjina fa?" Ko ɗaga kai Baffa bai yi ba yace "ba canji". Yace to bani kuɗina in je in canjo, yace "ba canji". Ƙarshe dai ya jawo takardar siminti ya fara ƙirga masa yankan albasa ɗaya bayan ɗaya kaman mai ƙirga sulalla, wai canjin jaka tara da rabi kenan. Iyakarta fa kenan. A rubuce ba wani abun dariya bane, sai ka ga fuskar tukun, fuskar mutumin da ko a jikinsa. Kuma mu da muke ƙasashen sefa mun san ciwon, ka sayi magani a baka alewa maimakon dala biyar, ka hau moto, wato babur, ku tsaya a rana kai da mai moto kuna neman mai canjin 500, har yau abun bai ƙare ba duk da sabbin sulallan da babban bankinmu BEAC ya fitar a Afrilun 2025 har da ta 200.

To Baffa ya tsufa yanzu, hayaƙin shekaru ya taɓa masa ido, ya bar wa yaronsa tebur ya dawo gida yana zaman tabarma. Ranar ƙaramar sallar 2025 muna tsakar gida sai wata jikarsa da suka zo daga Injamena, yarinya ƴar shekara tara mai baki kaman reza, tace wai ita me yasa ake ce wa kakanta Ba Canji, kuɗin wa ya hana? Aka kwashe da dariya, kowa ya fara bata labarin fim, sai tace a nuna mata. Nan fa aka yi tsit. Gida cike da waya, kowa da Android ɗinsa, ba mai shi. Ni da ƙaton bakina nace ai wannan ba matsala, ku bani sati ɗaya. Goggo tace Allah ya sa satin naka ba irin na tela bane.

Na fara da inda kowa zai fara, YouTube da Facebook da TikTok, na rubuta ba canji, na rubuta komedi Garwa, na rubuta da Faransanci, babu. Matsalar farko ma ba wanda ya tuna sunan fim ɗin na gaskiya, mutum biyar na tambaya suka bani suna biyar, kowa dai "fim ɗin ba canji" yake cewa. Sai na gane abun bai taɓa hawa intanet ba, zamanin faifai ya rayu kuma a nan ya mutu.

Sai kasuwa. Ƴan layin da muke sayen sidi da muna yara duk sun koma sayar da caja da murfin waya, masu ɗan sauran sha'awa kuma turi suke yi, ka kawo memori a zuba maka fina-finan Kano da na Indiya fassara. Na bi su ɗaya bayan ɗaya cikin zafin Afrilun Garwa, wanda ya san garin ya san me nake nufi, ƙarfe goma na safe kwalta ta fara laushi. Duk wanda nace wa ba canji sai ya yi dariya ya maimaita da muryar Baffa, sannan yace ayya ai mun zubar da faifai tuntuni. Wani ma yace matarsa ta rataye su a gona don korar tsuntsaye daga dawa. A sati na uku wani dattijo da ya taɓa riƙe gidan bidiyo, irin wanda muke biyan dala biyar mu zauna kan benci, ya kai ni wani ɗaki bayan gidansa ya nuna min buhu biyu yace in zazzage in duba da kaina, shi gwiwarsa bazata iya ba. Yini biyu na yi ina goge ƙura ina karanta rubutun maka da ya kusa gogewa, kunama ɗaya na kashe. Ranar ta biyu da la'asar na ci karo da wani faifai ba kwali ba hoto an rubuta "komedi soya" da jan maka, gabana ya faɗi.

Samun faifai daban, samun abunda zai karanta shi daban. Kwamfutocin yanzu basu da wurin saka sidi, sai da na je wajen wani abokina mai buga takardu kusa da makaranta, yana da wata tsohuwar kwamfutar tebur da yake ɗora wa kofin shayi. Faifan VCD ne, in ka buɗe shi zaka ga wani folda MPEGAV, a ciki akwai fayil AVSEQ01.DAT, shine fim ɗin, ba sai ka canza komai ba manhajar VLC na kunna shi haka. Muka fara kwafa, tana tafiya tana tafiya, ta wuce rabi kaɗan sai ta tsaya cak tana wani gurnani, ta jefo mana saƙon kuskure. Muka wanke faifan da ruwa da sabulu, muka goge daga tsakiya zuwa baki yadda ake cewa a yi, ba zagaye ba. Muka shafa man goge baki, wannan dabarar tana ɗan taimakawa in ƙarcewa ce a ƙasan faifai. Amma da na ɗaga shi saitin rana sai na ga haske na ratsowa ta wasu ƴan ƙananan ramuka, ashe fentin saman ne ya ɓantare, kuma a sidi abunda aka naɗa yana nan dab da saman, in wurin ya tafi to ya tafi, ba man da zai dawo da shi. Abunda muka iya cetowa minti goma sha biyu ne na farko, hoto dishi-dishi don VCD 352 da 288 ne kawai, a tsohuwar talabijin baka lura amma a allon yanzu kaman kana kallo ta cikin gidan sauro. Kuma don ƙarin haushi, daidai inda gaye ya riƙo hannun budurwa suka nufi hayaƙin soya, nan hoton ya farfashe ya daskare. Na ga gefen teburin Baffa, na ga fitilarsa, shi ban ganshi ba.

Amfanin da faifan yayi min ɗaya ne, sunayen da suka rubuta a farko. Duk laƙabi ne irin na samarin lokacin, amma na gane biyu. Sunan Baffa kuwa babu shi kwata-kwata, ko "mai nama" basu rubuta ba, mutumin da saboda shi ake tuna fim ɗin. Wannan ya tsaya min a rai gaskiya.

Wanda ya kira kansa darakta a lokacin yanzu kayan moto yake sayarwa, ya yi tumbi ya yi furfura, da na gaya masa ni ɗan wan Ba Canji ne sai ya rufe fuska da hannu yana dariya yana cewa innalillahi, bashi ya biyo ni. Ya sa aka kawo min shayi, ya bar yaronsa da ciniki, muka zauna kusan awa biyu. Yace lokacin faifan Kano ne suka cika gari, ta Yola da Mubi ake shigo da su, kowane saurayi gani yake shima zai iya zama Ibro, Allah ya jiƙan Rabilu Musa, ya rasu a Disambar 2014 amma a shekarun nan ba yaron da baya kwaikwayon tafiyarsa. Silima kuma ta riga ta mutu, ƴan ukun da suka rage a ƙasar ma, na Yawunde da Duwala da Bafusam, a Janairun 2009 aka rufe su, don haka gidan bidiyo da faifai sune komai. Su shida suka haɗa kuɗi suka ɗauko mai kamerar biki na kwana biyu, suka je suka gaida jauro, wato mai unguwa, ya basu izinin ɗauka a unguwa, ba wani rubutaccen labari, da baki ake tsarawa.

Abunda ban taɓa sani ba shine ashe ba Baffa aka shirya zai fito ba. Teburinsa kawai suka aro, wani abokinsu ne zai yi mai soya, sun ɗaura masa gyale sun bashi wuƙa, to yaron bai iya riƙe wuƙa ba, yana ta dagargaza nama kaman mai saran itace, Baffa na gefe yana kallon jarinsa na lalacewa, sau biyu yana tsaki, na uku yace kai tashi min daga nan, ya karɓe wuƙarsa ya zauna. Mai kamera yace ku barshi haka ma yafi. Kalmar ba canji ma ba su suka bashi ba, cewa suka yi ya karɓi kuɗi ya bada canji a wuce wurin, shi kuma da gaske bashi da canjin jaka goma a daren, ya faɗi gaskiyarsa. Albasar ce kawai darakta yace shi ya ƙara daga baya. Sun yi masa alkawarin jaka biyar in faifai ya fita. Faifai ya fita, cikin sati ɗaya masu kwafa suka cika kasuwa da shi, ko kuɗin kamera basu mayar ba, ƙungiya ta watse, jaka biyar ɗin Baffa ta bi ruwa. Nace to yanzu ina asalin kaset ɗin? Yace in yana duniya to yana hannun mai kamera, shi kuma ya koma Ngaundere da iyalinsa shekaru da yawa.

Neman lambar mutumin nan kaɗai ya ci min sati uku, wannan ya haɗa ni da wancan, wancan yace sai ya tambayi matarsa don ƙawar matar mai kamera ce. Da na same shi a waya yace shi baya jefar da kaset amma kuma bazai min alkawari ba, don lokacin kaset tsada gare shi, in aiki ya ƙare sau da yawa naɗa wani bikin yake a kai. Na bari aka yi babbar sallah, don lokacin ba mai sauraronka, sannan na je ajans, wato tashar bas, na yanki tikiti. Hanyar Garwa zuwa Ngaundere bata kai kilomita 300 ba amma sai ta cinye maka yini, Ngong, Guna, Mbe, sannan hawan dutsen nan da manyan motoci ke rarrafe kaman kunkuru, kana kaiwa sama iska ta canza, ni ɗan Garwa har rigar sanyi na nema a watan Yuni.

Dattijo ne mai kirki, ya daina ɗaukar biki tunda waya ta kashe sana'ar. Ya jawo kwali uku daga ƙarƙashin gado, cike da kaset ƴan ƙanana na MiniDV, kowanne kaman akwatin ashana, an manna takarda an rubuta bikin wane, sunan ɗan wane, saukar karatu, tarbar alhazai. Yace sa'ata ɗaya sanyin Ngaundere, da a Garwa suka zauna shekarun nan da zafi ya manne zaren. Muka baje su kan tabarma muna dubawa, shi kuma kowane kaset ya ɗauka sai ya bani labarin auren, wannan sun rabu, wannan amaryar ta rasu wajen haihuwa, wannan angon har yau bai cika masa kuɗi ba. Kwana biyu a haka. Wanda muke nema ashe an rubuta sunan wani biki a gaba, sai a gefe da ƙaramin rubutu da biro aka sa "soya 2". Soya 1 bamu ganshi ba har na taho. Abu na farko da yayi kafin ya miƙo min, ya tura wani ɗan maɓalli a gindin kaset ɗin, yace wannan shine makulli, in ya buɗe ba kamerar da zata iya naɗa wani abu a kai ko da kuskure.

Kamerarsa kuwa ta mutu tuntuni, in ka kunna sai ta buɗe baki ta ƙi rufewa.

Nan ne aikin ya koma na haƙuri zalla. Kaset ɗin nan ba'a saka shi a kwamfuta, dole sai kamera irin tasa ta kunna shi, sannan a haɗa ta da kwamfuta da wata waya da ake kira FireWire, Sony kuma suna ce mata i.LINK, ba USB bace, kuma kwamfutocin yanzu basu da ramin. Wato abu uku nake nema lokaci guda, kamera mai rai, wayar, da tsohuwar kwamfuta mai ramin, kuma kowanne a hannun mutum daban yake. Na koma Garwa da kaset a aljihun gaba na naɗe shi da leda kaman laya. Kamera ta farko da na samu wajen wani mai hoto, mun saka sai hoto ya fito da wasu layuka a kwance, rabi hoto rabi dara-daran murabba'ai, murya na yankewa. Yace kan kamerar ne yayi datti, muka nemo kaset ɗin wanki muka sa na ƴan daƙiƙu, ya ɗan gyaru amma bai daina ba. Na kira dattijo a Ngaundere yace af, ya manta bai gaya min ba, a LP ya ɗauka don kaset na minti 60 ya bashi minti 90, kuma abunda aka ɗauka a LP yakan yi gardama a wata kamerar, in nemi irin tasa, kamfani ɗaya. Wani satin biyu kenan. A nan ne wani mai gyara ya karɓi jaka uku nawa wai zai kawo min kamera gobe, goben da har yau bata yi ba, na bar shi da Allah.

Ƙarshe wani yaro ɗalibi da ke karatu a jami'ar Ngaundere da ke Dang, ƙanin abokina, shi ya samo irin kamerar wajen wani malaminsu, ya taho da ita Garwa da hutu, ita kuma kwamfutar abokina mai buga takardu da na raina ashe tana da katin FireWire a baya, ƙura ce ta rufe ramin. Yaron yace kafin mu kunna mu tura kaset ɗin har ƙarshe mu dawo da shi farko don zaren ya saki jiki. Muka sa wata ƴar manhaja WinDV, muka danna. Shi wannan kwafan ba'a gaggauta shi, yadda kaset ke tafiya haka yake shiga, awa ɗaya awa ɗaya ce, kuma awa ɗayan nan wajen giga 13 take ci, sai da muka share rabin kayan abokina. Minti arba'in na farko bikin wasu ne da ban sani ba, mata na ta rawa ana liƙi, ni kuma cikina na ta ƙugi don na san kowane minti na bikin nan a kan fim ɗinmu aka naɗa shi. Muna minti na arba'in da ɗaya aka ɗauke wuta. Ban ce komai ba na fita waje na tsaya. Washegari muka aro janareto muka sake daga farko.

Biki ya ƙare a wajen minti hamsin da biyu, allo yayi shuɗi, ya ɗan yi tsalle, sai ga hayaƙi, sai ga fitilar aci-balbal, sai ga Baffa. Baƙin gemu, hula ta karkace, hannu na sheƙi da mai, ga bishiyar dalbejiyar da yake zama ƙarƙashinta wadda gyaran titin da aka yi kafin gasar ƙwallon Afirka ta CAN a 2022 ya tafi da ita. Hoto tas, 720 da 576, har ƙwayar kankan, wato yajin tsire, da ke kan nama kana gani. Kuma ba minti biyu bane, minti goma sha ɗaya ne, don ɗanyen ɗauka ne, sau shida suka maimaita.

Dalilin maimaitawar shine abunda ya sa na kasa tashi daga kujerar. Duk sanda Baffa yace ba canji sai wani a bayan kamera ya fashe da dariya, wata dariya mai shaƙewa da take ƙarewa da tari, darakta yace kat, dan Allah Baba ka matsa can, a sake. A sake kuma ya sake fashewa. A na huɗu sai Baffa ya juyo ya nuna shi da wuƙa yace "Yaya in bazaka yi shiru ba ka tafi gida, naman mutane na ƙonewa." Mahaifina ne. Ya rasu a 2015 kuma bamu da muryarsa ko ta daƙiƙa ɗaya a gidanmu, hotuna kawai. Bai fito a hoton ba, gefen hannun rigarsa ne kawai ya gifta sau ɗaya. Abokina ya kalle ni ya tashi yace bari ya je ya duba man janareto.

Sauran aikin mai sauƙi ne. Yaron ya matse fayil ɗin da manhajar HandBrake ya koma MP4, na haɗa a CapCut a wayata, minti goma sha biyun faifai mai dishi-dishi a gaba, sannan fitowar Baffa daga kaset, ɗauka ta shida wadda ita suka yi amfani da ita, minti ɗaya da daƙiƙa hamsin da ɗaya. Ƙarshen fim ɗin bamu same shi ba, na koma shagon kayan moto na sa darakta ya bada labarin yadda ya ƙare da bakinsa na liƙa a baya, shima rabi ya manta. A farko na rubuta cikakken sunan Baffa na yanka da manyan baƙaƙe kafin na kowa. Ɗanyen minti goma sha ɗayan kuma ban haɗa shi da komai ba, na ajiye shi wuri uku, memori, kwamfuta, da Google Drive, na tura wa ƴan'uwana a WhatsApp a matsayin dokima, wato fayil ba bidiyo ba, don kar ya matse shi ya lalata.

Ranar da na kai masa ana yayyafi, farkon Agusta. Na jingina waya da buta, ya matso da fuskarsa har hancinsa na kusa taɓa gilas saboda idon. Gida kowa na dariya, Goggo har da riƙe ciki, shi ko murmushi bai yi ba. Da aka zo wurin albasa yace "wannan wuƙar wani ya are ta bai dawo da ita ba." Da na sa masa ɗanyen, ya ji dariyar, ya yi shiru, yace in mayar baya, na mayar, yace in ƙara, sau uku. Sannan yace "Babanka kenan, shi ya ɓata mana dare, tsire takwas suka ƙone." Ya goge ido da bakin riga yace hayaƙin kicin ɗin Goggo ne.

Na roƙi kowa kar a fitar da shi waje, amma ina, gidanmu ne fa. Kafin sati ya zagayo ya shiga guruf ɗin unguwa, daga nan ban san inda ya bi ba, wani ɗan'uwanmu a Kusiri ya turo min shi wai in kalla zan yi dariya. Baffa da ya samu wasu shekaru na hutu yara basu san zancen ba, yanzu in ya fito masallaci sai ka ji ƴan ƙananan muryoyi daga bayan katanga, ba canji, ba canji. Ya aiko a kira ni.

Na je na durƙusa na gaishe shi, bai amsa da daɗi ba. Yace "Kai ne ka fitar da fim ɗin nan?" Nace Baffa ni gyarawa kawai na yi. Yace "Wa ya rubuta sunana a gaba?" Nace ni ne. Yace to tunda kai ne mai fim yanzu, jaka biyar ɗina da aka min alkawari tun 2007 tana wuyanka, kuma yau nake so. Goggo na daga ɗaki tana cewa Malam ka ji tsoron Allah yaron nan har Ngaundere ya je, yace ba ruwanki. Na laluba aljihu, abunda ke jikina takarda ɗaya ce ta jaka goma da na ware don kuɗin wuta, na miƙa masa da hannu biyu. Ya karɓa, ya ɗaga ta saitin ƙofa ya duba da idon da yace baya gani, ya ninke, ya tura aljihun gaba, ya jawo carbinsa.

Na zauna ina jira. Na kai minti biyar a wurin kafin nace Baffa, saura jaka biyar.

Ko ɗaga kai bai yi ba.